Waƙa a Bakin Mai Ita: Tarihin Fim ɗin Duban Kai Daga Turai Zuwa Ƙasar Hausa

1.0 GABATARWA

Manufar wannan maƙala ita ce bin diddigin wani reshe na fim ɗin gaskiya, watau irin fim ɗin da ake ɗaukar mutane na haƙiƙa a wurarensu suna cikin harkokinsu, ba 'yan wasan da aka rubuta wa abin faɗa ba. Reshen da ake magana a kansa, wanda don sauƙin bayani za mu kira shi fim ɗin duban kai, ya bambanta da sauran ta fuska biyu. Ta farko ita ce mai shirya fim ɗin yakan mai da rayuwarsa, ko ta iyayensa, ko ta garinsu, ta zama ita ce abin nazari. Ta biyu kuwa, ba ya ɓuya a bayan kyamara. Yakan bari a ji muryarsa ko a ga fuskarsa, har ma ya tuhumi kansa a gaban mai kallo game da abin da yake yi.

Abin da maƙalar take son tabbatarwa shi ne, a Afirka ta Yamma wannan salo ya taso ne daga gwagwarmayar ƙwato haƙƙin ba da labari daga hannun baƙo. Saboda haka mai cewa "ni" a waɗannan finafinai kusan kullum yana ɗauke da uba ko uwa ko gari a bayansa, kuma wannan ne tushen ƙarfin salon, shi ne kuma tushen matsalarsa. Za a fara da asalin salon a Turai, a biyo ta zamanin mulkin mallaka, sannan a dire a kan ayyukan da aka yi a ƙasar Hausa ta Jamhuriyar Nijar.

2.0 ASALIN SALON

Ɗaukar iyali a fim ya girmi kalmar fim ɗin gaskiya ita kanta. Daga cikin gajerun finafinai goma da 'yan uwan nan biyu, Auguste da Louis Lumière, suka nuna wa jama'a a birnin Paris ran 28 ga Disamba 1895, akwai wanda Louis ya ɗauki wansa da matar wan suna ba jaririyarsu abinci. Amma wannan hoto ne kawai na gida, babu tambaya a cikinsa.

Wanda ya fara mai da aikin ɗaukar fim abin kallo sosai shi ne Dziga Vertov na Tarayyar Sobiyet, a fim ɗinsa na 1929 wanda ma'anar sunansa ita ce "Mutum Mai Kyamara". A cikinsa ana ganin mai ɗaukar hoto, wanda ƙanen Vertov ne, yana hawa gadoji da motoci da na'urarsa, ana kuma ganin matar Vertov zaune tana yankan zaren fim tana haɗawa. Darasin da ke nan shi ne abin da mai kallo yake gani a allo hannun mutum ne ya zaɓe shi ya jera shi.

Sai dai ba wannan hanya ce ta yi rinjaye ba. Wadda ta yi rinjaye, musamman a Ingila a ƙarƙashin jagorancin John Grierson, ita ce ta hoto da sharhi: ana nuna ma'aikata ko manoma, wata murya kuma daga waje, wadda ba a ganin mai ita, tana fassara wa mai kallo abin da idonsa yake gani. Wannan murya ba ta shakka, ba ta kuma faɗin ko ta wane ne. Ita ce ta iso mana tare da Turawa.

3.0 ZAMANIN MAJIGI DA DOKAR LAVAL

A 1939 gwamnatin Ingila ta kafa hukumar shirya finafinai don ƙasashen da take mulka, ta ɗora William Sellers a kanta, wanda tsohon jami'in kiwon lafiya ne a Nijeriya. Ra'ayin Sellers shi ne mutumin Afirka ba zai iya bin fim mai saurin canjin hoto ba, don haka sai a yi masa mai tafiya sannu sannu, mai darasi guda. Irin waɗannan finafinai ne motocin majigi suka riƙa kaiwa garuruwan Arewa, a kafa allo a ƙofar fada da dare, tafinta yana bayani da lasifika a kan tsabta ko noman auduga da gyaɗa. Talaka a cikin majigi misali ne na mai bin shawara ko na mai ƙin bi. Ba a tambayarsa yadda yake ganin al'amarin.

A ɓangaren Faransa kuwa abin har doka aka yi masa. A 1934 ministan ƙasashen mallaka, Pierre Laval, ya sa hannu a kan dokar da ta wajabta wa duk mai son ɗaukar fim a ƙasashen Afirka da Faransa take mulka ya nemi izinin gwamna, ya kuma gabatar da abin da zai ɗauka tukuna. Da wannan doka aka ɗaure Bafaranshen nan René Vautier saboda fim ɗinsa Afrique 50, wanda ya tona zaluncin mulkin mallaka. Ita ce kuma ta sa Paulin Soumanou Vieyra da abokansa ɗaliban Afirka, da suka rasa izinin ɗauka a gida, suka ɗauki Afrique sur Seine a Paris a 1955, a kan zaman baƙunci irin nasu. Ke nan tun daga farko, fim ɗin da ɗan Afirka ya yi a kan rayuwarsa ya zo ne a matsayin amsa ga hani.

4.0 JEAN ROUCH DA MUTANEN NIJAR

Ba a iya ba da wannan tarihi ba tare da Jean Rouch ba. An haife shi a 1917, ya zo Nijar a 1941 a matsayin injiniyan hanyoyi da gadoji, daga baya ya koma nazarin al'adun Zabarmawa da Sonwai. A 1954 ya mai da fim ɗin da ya yi a kan farautar dorina garin Ayoru, ya nuna wa masuntan da ya ɗauka. Masuntan suka yi masa gyara: kiɗan da ya ɗora a kan farautar bai dace ba, domin a saninsu kiɗa ƙarfin zuciya yake ƙara wa dorina, farauta kuwa shiru take so. Rouch ya cire kiɗan. Daga nan ya mai da nuna wa mutane hotonsu da sauraren hukuncinsu ya zama ƙa'idar aikinsa.

Matakin da ya biyo baya shi ne ba su bakin magana. A fim ɗin Jaguar, wanda aka ɗauka a 1954 da 1955 amma bai fito ba sai 1967, samari uku, Damure Zika da Lam Ibrahim Dia da Illo Gaudel, sun tafi cirani ƙasar da ake kira Gana yanzu, kuma su ne suka ɗora sharhi da bakinsu suna kallon hotunan. Haka aka yi a Moi, un noir, watau "Ni, Baƙar Fata", na 1958, wanda aka ɗauka a unguwar Treichville ta Abijan. Babban mai magana a ciki shi ne Umaru Ganda, haifaffen Yamai a 1935, wanda ya shiga sojan Faransa yana ɗan shekara 16, aka kai shi yaƙin Indocin. Ganda ya fito a matsayin lebura, yana faɗin wahalarsa da burinsa, har ya kai ga labarin abin da ya gani a fagen fama.

A lokacin zafi na 1960 Rouch ya juya wannan dabara a kan mutanensa. Shi da masanin zamantakewa Edgar Morin suka ɗauki Chronique d'un été a Paris, suna tambayar mutane ko suna jin daɗin rayuwarsu. Abin da ya sauƙaƙa aikin shi ne samuwar ƙaramar kyamara mai milimita 16 da ake saɓawa a kafaɗa, tare da rakoda mai ɗaukar murya a lokaci guda. A ƙarshen fim ɗin, wanda ya fito a 1961, an nuna mutanen da aka ɗauka suna gardama a kan wanda ya yi gaskiya a cikinsu da wanda ya yi riya, sannan aka nuna Rouch da Morin su biyu suna tafe suna auna inda suka gaza. Daga wannan fim ne masu shirya finafinai da yawa a duniya suka koyi cewa shakkar mai ɗauka tana iya zama sashe na fim.

Duk da haka akwai iyaka ga abin da Rouch ya bayar. Murya ta Ganda ce, amma almakashin yanka da sunan da ke kan fim na Rouch ne. A wata tattaunawa da suka yi a 1965, Usman Sembène na Senigal ya zargi Rouch da sauran Turawa masu nazarin Afirka da cewa suna kallon mutanen Afirka kamar yadda ake kallon ƙwari. Rouch bai rabu da Nijar ba har ƙarshen ransa, domin a kusa da Birnin Ƙonni ya rasu cikin haɗarin mota a watan Fabrairu 2004, aka binne shi a Yamai. Amma tambayar Sembène sai 'yan Afirka da kansu ne za su iya amsa ta.

5.0 KYAMARA TA CANZA HANNU

Ganda ya koma gida ya koyi aikin, ya fitar da Cabascabo, wanda aka nuna a bikin finafinai na Cannes a 1969. Labarin tsohon soja ne da ya dawo daga Indocin, abokai suka taya shi cinye kuɗin sallama, suka watse, ya rasa aikin yi. A tsari wasan kwaikwayo ne, amma Ganda ne ya rubuta, shi ya ba da umarni, shi ya fito, da harshen Zabarmanci, kuma rayuwarsa ce ƙashin bayan labarin. Abin da ya faɗa a cikin fim ɗin wani shekara goma kafin nan, yanzu ya faɗe shi a cikin nasa. Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi.

Safi Faye ta Senigal ita ma ta wannan ƙofa ta shigo, domin ta fara ne da fitowa a wani fim na Rouch. A 1975 ta yi Kaddu Beykat a ƙauyensu Fad'jal, ta tsara shi kamar wasiƙa da take karantawa da muryarta, danginta kuma su ne mutanen ciki. Tana ba da labarin gida ne, amma labarin ya kai ga yadda dogaro da noman gyaɗa don sayarwa waje ya talauta manoma, har gwamnatin Senigal ta hana nuna fim ɗin. Wannan ya nuna cewa maganar gida, in an bi ta da gaskiya, takan ɓulla a fagen siyasa.

Ya kamata a kwatanta wannan da abin da yake gudana a Amurka a daidai lokacin. Jonas Mekas, ɗan gudun hijira daga Lituweniya, ya isa New York a 1949, ya riƙa ɗaukar rayuwarsa ta yau da kullum kamar mai rubuta littafin tunawa, har ya tattara sashenta a Walden a 1969. Ed Pincus ya ɗauki zaman aurensa daga 1971 zuwa 1976. Almajirinsa Ross McElwee ya fita da niyyar bin sawun Janar Sherman na yaƙin basasar Amurka, sai fim ɗin ya rikiɗe ya zama labarin neman matar aure da shi kansa yake yi, ya kuma sami babbar kyauta a bikin Sundance a 1987. A galibin waɗannan ayyuka, musamman na Pincus da McElwee, tambayar ita ce ta mutum guda da zuciyarsa. A ayyukan Afirka kuwa mai fim yakan shiga ne a matsayin ɗan wane ko 'yar wance, yana neman abin da tarihi ya ƙwace wa gidansu.

Babu misalin da ya fi Allah Tantou na David Achkar, na 1991, fito da wannan. Mahaifinsa, Marof Achkar, shi ne jakadan Gini a Majalisar Ɗinkin Duniya. A 1968 gwamnatin Seku Ture ta kira shi gida, ta tsare shi a kurkukun Boiro, aka kashe shi a 1971, iyalinsa kuma ba su sami tabbaci ba sai bayan mutuwar Seku Ture a 1984. Ɗan ya haɗa hotunan gida da na labarai da rubuce-rubucen da uban ya yi a kurkuku, ya sa ɗan wasa ya kwaikwayi zaman ɗaurin da babu wanda ya ɗauka. Inda hukuma ta shafe bayani, akwatin iyali ya zama gidan ajiye tarihi. A wannan layi ne Jean-Marie Teno na Kamaru ya yi Afrique, je te plumerai a 1992, Mahamat-Saleh Haroun na Cadi kuma ya yi Bye Bye Africa a 1999.

6.0 ƘASAR HAUSA

Bayan shekarar 2000 kyamarar bidiyo mai araha da kwamfutar haɗa hoto sun rage tsadar aikin ƙwarai. Aka kuma buɗe kwas na digiri na biyu a kan fim ɗin gaskiya a Jami'ar Gaston Berger da ke Saint-Louis a Senigal, inda matasan Nijar da dama suka yi karatu. Ayyukan uku daga cikinsu sun isa misali.

Sani Elhaj Magori mutumin Galmi ne, garin da ya shahara da albasa, kuma aikin gona ya fara karantawa. Fim ɗinsa na 2008 ya bi wani aure a garinsu wanda ɗaurinsa ya rataya a kan amfanin albasa da farashinta. A Kukan Kurciya na 2010 ya matso kusa da gida. Mahaifinsa ya tafi Abijan shekaru masu yawa bai dawo ba, kamar ɗimbin mazan yankin. Magori ya nemi wata tsohuwar zabiya wadda a ƙuruciyarta waƙoƙinta suka riƙa zuga samari su tafi cirani, ya roƙe ta ta bi shi har Abijan ta yi waƙar da za ta kira su gida. Kukan kurciya jawabi ne, in ji Hausawa, mai hankali ke ganewa. Ɗa ba ya iya tsayawa gaban ubansa ya ce masa ya yi kuskure, don haka ya bi ta bakin zabiya, wadda al'ada ta yarje mata faɗin abin da wasu ba sa iya faɗa.

A'isha Macky, haifaffiyar Damagaram, ta taɓo abin da ya fi wannan nauyi a L'Arbre sans fruit, watau "Itacen da Ba Ya 'Ya'ya", na 2016. Matar aure ce da ba ta samu haihuwa ba, mahaifiyarta kuma wajen haihuwa ta rasu tun A'isha tana ƙarama. Ta gina fim ɗin a kan zance da marigayiyar, ta sa kanta a gaban kyamara tun kafin ta nemi sauran mata masu irin halinta su yi magana, ta kuma nuna yadda akan ɗora wa mace laifin rashin haihuwa alhali mijin sau da yawa ba ya yarda a gwada shi. Fim ɗin ya ci kyautar AMAA ta fim ɗin gaskiya a wannan shekara. A 2016 ɗin dai Amina Weira ta fitar da La Colère dans le vent, inda ta bi mahaifinta, tsohon ma'aikacin haƙar yuraniyom a Arlit, ta hanyarsa kuma ta kai ga ƙurar ma'adinin da iska take watsawa cikin gari da cututtukan da mazauna suke kuka da su.

Abin lura shi ne dukansu uku sun yi aiki ne a cikin al'ummar da kunya take da babban matsayi, inda uwa ba ta kiran sunan ɗan fari, mace ba ta kiran sunan miji. Ba su yi watsi da kunyar ba. Kowannensu ya nemo hanyar da al'ada ta sani: ɗaya ya aiki zabiya, ɗaya ta yi zance da mamaciya, ɗaya ta bar uba ya shige gaba tana biye.

7.0 MATSALOLI UKU

Matsala ta farko ta shafi mai nazarin tarihi. Fim ɗin duban kai shaidar mutum guda ce, mai ita kuma yana da abin da yake so da abin da yake gudu. Wuraren da Achkar ya sa aka kwaikwaya zato ne na ɗa mai begen uba. Amma wannan rauni a fili yake, mai kallo ya san wanda yake magana da dalilinsa, saɓanin muryar majigi wadda ita ma tana da manufa amma ta ɓoye ta. Shaidar da aka san mai ita ta fi sauƙin aunawa.

Ta biyu ita ce haƙƙin dangi. Hausawa sun ce ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba. Mai fim ya zaɓi ya buɗe cikinsa, amma uban da aka nuna ya guje wa iyali, ko mijin da aka yi maganar lafiyarsa, ba lalle ne sun fahimci nisan da hoton zai yi ba lokacin da suka amsa. Haroun ya sa wannan a cikin labarin Bye Bye Africa: wata 'yar wasa da ta fito a matsayin mai ciwon sida a wani fim nasa na baya, jama'a suka ɗauka da gaske ne, suka ƙaurace mata, shi kuwa yana can Faransa bai sani ba. Almakashin da aka zargi Rouch da riƙewa, yanzu ɗan gida ne yake riƙe da shi a kan 'yan uwansa, kuma kasancewarsa ɗan gida bai sauke masa nauyin ba.

Ta uku ita ce ta masu kallo. Finafinan Nijar da aka ambata duka da haɗin gwiwar kamfanonin Turai aka yi su, kuma a bukukuwan finafinai suka fi yin suna. Wanda ya san cewa baƙo ne zai fara kallon aikinsa yana iya karkata ga abin da baƙon yake son gani. Maganin wannan shi ne ƙa'idar Ayoru: a mai da fim wurin da aka ɗauke shi, a saurari hukuncin masu shi.

8.0 KAMMALAWA

An ga yadda salon ya taso daga Vertov, yadda majigi da dokar Laval suka hana ɗan ƙasa bakin magana, yadda Rouch ya buɗe ƙofa rabi, da yadda Ganda da Faye da waɗanda suka biyo bayansu suka ƙarasa buɗe ta. Abin da ya rage aiki ne a kanmu malamai. Ɗalibanmu a kwalejojin ilimi suna riƙe da wayoyi masu ɗaukar hoto da murya tare, abin da ya gagari Rouch lokacin da yake ɗaukar Jaguar, kuma a gidajensu akwai tsofaffin da suka ga fari da yunwar 1973 da 1974, da waɗanda suka yi cirani a Kurmi, da waɗanda suka kalli majigi a ƙofar fada. Shawarar wannan maƙala ita ce sassan Hausa da na Tarihi su sanya waɗannan finafinai cikin abin da ake nazari tare da rubutaccen adabi, su kuma karɓi gajeren fim a kan tarihin gida a matsayin aikin bincike, bisa sharaɗi biyu: ɗalibi ya bayyana kansa da dangantakarsa da wanda yake ɗauka, kuma kada a nuna aikin a waje sai mutanen da ke ciki sun gani sun yarda.